Askin Tunkiya a Al Gharrafa

Ni mutum ne mai ƙarin gishiri a magana, kuma ban taɓa ɓoye wa kowa ba. In na tarar da cunkoson motoci a hanyar Corniche, sai na ce har wani ya yi aure ya haihu kafin danja ta ba mu hannu. Abokaina a Doha sun san hali. In na buɗe baki sai su raba maganata biyu, su zubar da rabi, sauran rabin su karɓa da bismilla. Mutum ɗaya ne ya taɓa kayar da ni a wannan fage, wani tsohon Bature ɗan Ostireliya, kuma abin haushin, shi gaskiya yake faɗa.

'Yarsa nake yi wa tuƙi. Likita ce a wani asibiti, ita ce kuma kafil ɗina, wato da sunanta nake zaune a ƙasar. Gidan yana Al Gharrafa, cikin jerin gidajen nan masu bene da duk kamarsu ɗaya, waɗanda in ka dawo a gajiye za ka iya shiga na maƙwabci ka ci abinci ka miƙe ƙafa kafin a gane ba kai ba ne. Katangar ta yi tsawon mutum biyu. Tsakar gida duk tayil ne, sai wata 'yar ciyawa a gefe da ba ta wuce shimfiɗar tabarma ba. Ɗakina yana jikin ƙofar waje. Da farko aikin ba wuya: kai Likita, ɗauko Likita, cefane. Sai wata rana ta je ƙasarsu ta dawo da mahaifinta, dogo, ja kamar an gasa shi, da malafa mai faɗin faifai, yana jan ƙafar hagu. Ɓarin jikinsa ne ya ɗan shanye, a can gonarsa aka tsince shi kwance kusa da kwamin shan ruwan tumaki. Ta ce 'yan watanni kawai zai yi ya warware. Na ce masa Baba, ya amsa. Shi kuma da ya ji ana ce mini Alhaji sai ya kama, yana faɗarsa a karkace.

Ranar farko da na ɗauke shi zuwa asibiti ya tambaye ni ko na san tumaki. Na ce ai a gidanmu a Funtuwa mun taɓa kiwon ragon da sai da aka fasa ƙofar soro kafin ya fita, in ya yi atishawa kajin maƙwabta su daina ƙwai. Ya gyaɗa kai, ya ce guda nawa muke kiwo. Na ce ɗaya, duk shekara. Ya ce shi nasa dubbai ne, ba ya sanin adadinsu sai lokacin aski, kuma daga ɗakin kwanansa zuwa ƙofar gonarsa ya fi daga Al Gharrafa zuwa filin jirgi. In zai gaida maƙwabcinsa na kusa kuwa sai ya cika tanki ya ɗauki guzuri. Na yi dariya har na kusa hawa gefen titi. Na miƙa masa hannu na ce yau na haɗu da ubangidana a sana'a. Da yamma Likita ta nuna mini hotuna a waya. Ƙasa ce ja shimfiɗe har inda ido ya ƙare, tumaki sun rufe ta kamar an zubar da auduga. Ko kwabo bai ƙara ba. Tun daga ranar na rage baki in ina gabansa, don ba daɗi ka yi ƙarya iyakar ƙarfinka gaskiyar wani ta fi ta girma.

A mota na san rayuwarsa, guntu-guntu, tsakanin danja da danja. A gonar aka haife shi, a wurin ubansa ya gaje ta. Bai taɓa tunanin siyasa ba sai wata shekara da fari ya haɗu da faɗuwar kasuwar ulu, tunkiya ta zama ba mai saye, ba kuma abin da za ta ci. Ya ce da kansa ya haƙa rami da katafila, ya harbe tumakinsa ya rufe. Sau ɗaya ya ba ni wannan labarin, kuma ranar ban yi wasa ba har muka isa gida. Bayan nan aka kira taro a garinsu, wani jami'i ya zo daga birni yana ba su haƙuri, Baba ya tashi ya wanke shi tas. Maƙwabta suka ce tunda kana da murya haka, je ka yi ihun a can inda ake jin sa. Haka ya tsinci kansa a majalisar dokokin jiharsu.

Mazaɓarsa, in ji shi, za ta haɗiye Qatar ta nemi ƙari. Kamfe kuwa shi ne ka yi tuƙin yini guda don ka gaida gida ɗaya, su ba ka shayi, su gaya maka cikin mutunci cewa ɗaya jam'iyyar suke yi. Na ce mu a wurinmu ko ɗan takarar kansila ba ya fita sai da maroƙa da motar lasifika, ya ce da ya sani da ya ɗauke ni haya ni kaɗai. Abu uku ya yi ta haƙilo a kansu: bututun ruwa, hanyar kwalta, da likita a ƙauyukansu. Bututu ya samu. Hanya ta zo rabi ta tsaya. Likita kuwa har ya bar majalisa ba a turo ba, sai ga 'yarsa ta cikinsa ta zama likita, ta tattara ta taho Doha. In ya zo nan sai ya ɗaga murya yadda za ta ji. Kujerar ma ba kayar da shi aka yi ba, mutane ne suka yi ta barin daji suna komawa birni, har aka haɗe mazaɓarsa da wata. Ya ce da tumaki suna jefa ƙuri'a da har yau yana can. Ya koma gona da murna, don a cewarsa majalisa ɗaki ne da ba tagar da za ka hango hadari, kuma ya zaci ba zai sake shiga wurin da ya kai shi ƙunci ba. Sai ya ɗaga sanda ya nuna katangar gidanmu.

Dokar Likita kaɗan ce amma ba ta da ƙofa. Ba fita cikin rana. Ba tuƙi. Wuraren zuwa uku ne: asibiti, babban kanti mai na'urar sanyi ta esi, da Corniche in rana ta yi sanyi. To a Doha in zafi ya shigo rana ba ta yin sanyi, faɗuwa kawai take yi ta bar tururinta. Sai mu tsaya a bakin ruwa rigunanmu sun manne a baya, yana kallon jiragen katakon nan da ke ɗaure, yana tambayata ta ina kudu take. A kanti kuwa zagaye yake yi da sandarsa, daga shagon agogo zuwa shagon turare ya dawo, kamar ragon da aka ɗaure a turke, ni ina biye da shi kamar igiyar. Kullum da safe sai ya fito tsakar gida ya ɗaga kai ya shinshina sama. Ba komai a cikinta, fara fat kamar murfin tukunya. Daga nan ya duba a waya ko an yi ruwa a ƙasarsu, ya kira ɗansa namiji da ke riƙe da gonar. Hirar tasu a da takan yi tsawo, daga baya ta koma gajera. Kullum amsar ɗaya ce, komai lafiya.

Abin da ya riƙe shi alkawari ne. Likita ta ce in zafin bana ya wuce lafiya, bai faɗi ba, jininsa bai hau ba, za ta kai shi gida lokacin askin tumaki, wanda a wurinsu yake zuwa daidai ƙarshen zafinmu na nan. Ni ma a jikin wannan alkawarin nawa yake rataye. Na daɗe ban ga iyalina ba. Likita ba ta taɓa ce mini ba za ka je ba, roƙona take yi, kuma in kafil ya roƙe ka ya fi ya hana ka ɗaurewa. An taɓa gwada kawo wani mai jinya don in samu in tafi, Baba ya zaunar da shi ya yi masa jawabin majalisa a kan bututun ruwa tun safe har azahar, washegari mutumin bai dawo ba. Saboda haka aka tsaya a kan cewa ranar da Baba ya hau jirgi, ni ma in hau nawa. Na haɗa akwatina tun da wuri: turare, abayar uwargida, da wasu jajayen takalma na autata. Na koma lallaɓa tsohon nan kamar ƙwai a cokali. In ya yi tari sai in ji tikitina ne ke tari.

Ana saura 'yan kwanaki Babbar Salla ya ji ni ina waya ina dariya, ya tambayi dalili. Na ce wani ɗan garinmu ne, ɗalibi mai neman digiri na uku, da muke kira Ustaz saboda gemu da sani, zai raka ni kasuwar dabbobi in zaɓi ragon layya. Ban rufe baki ba na gane na yi kuskure. Idonsa ya kawo haske irin wanda ban taɓa gani ba. Daga ranar aka buɗe kamfe, kuma ni kaɗai ne mazaɓar. Da safe kamfe, a hanyar asibiti kamfe, a kanti ya tsaya gaban shagon agogo ya yi mini jawabi a kan 'yancin ɗan Adam. Ya ce rabonsa da warin tunkiya tun da aka ɗauko shi. Ya yi alkawarin ba zai fita daga mota ba, gilashi kawai zai ɗan sauke ya shaƙa. Na ce Honarabul, alkawarin ɗan siyasa ne fa. Ya ce shi ya kawo bututu. Haka ya ci zaɓe.

Da sassafe, bayan na sauke Likita, muka ɗauki Ustaz muka nufi kasuwar da ke wajen Mesaimeer, tun kafin a ɗauke ta daga can. Ban gama gyara tsayuwa ba na ji ƙofar baya ta buɗe. Kafin in zagayo ya yi nisa, malafa a kai, ƙafar nan da muke kai wa asibiti kamar ta manta ba ta da lafiya. Rana ko hantsi ba ta yi ba amma ƙarfen shinge ba ya taɓuwa. Ga ragunan Sudan dogaye, ga na Somaliya masu baƙin kai, ga na Sham masu kitsen jela kamar matashin kai. Dillalai suna ta yalla, yalla, kowa yana jan hannun rigarka. Baba ya bi su shinge-shinge. Ya kama haɓar rago ya ɗaga leɓe ya duba haƙori, ya matsa ƙugu, ya ɗaga kofato. Wani dillali Basudane mai rawani ya tsaya yana kallonsa, can ya ce mini wannan tsohon naku ɗan gida ne. Ni dai ina biye da gorar ruwa ina ta Baba a hankali, Baba inuwa.

A can ƙarshe muka iske tumakin ƙasarsu, gajeru, cunkus da ulu, sun haɗa kai a ɗan inuwar rumfa suna haki. Baba ya tsaya ya cire malafa kamar ya haɗu da manya. Ya ce in ina son nama kada in wuce nan. Ustaz ya leƙa ta baya, ya gyara tabarau, ya ce, "Yaya, waɗannan ai ba su da jela."

Gaskiyarsa ce, duk an guntule. Ustaz ya ce a karatun da ya yi a gida, in abin da aka yanke a jela ya kai kashi ɗaya cikin uku to layya ba ta yi ba, waɗannan kuwa abin da aka bari ma bai kai haka ba. Ya ce ya san akwai malaman nan ƙasar da suka sawwaƙa, ba ya musu da su, amma shi ba zai sa yayansa ya yanka abin da zai kwana yana kokwanto ba. Na juya wa Baba maganar da Turanci. Ya ce tun suna 'yan kwanaki ake yanke musu, don in aka bar jela cikin ulu ƙazanta ke taruwa, ƙuda ya yi ƙwai, tsutsa ta ci dabba da ranta. Ya ce tausayi ne ba mugunta ba. Ustaz ya ce ya yarda tausayi ne, amma jelar dai babu. Baba ya ce a kaɗa ƙuri'a. Na ce ni na ƙaurace. Har Basudanen nan, da bai san me ake cewa ba, yana ta dariya.

Ustaz ne ya ƙara da cewa ga kunnen ma an tsaga, ko da yake wannan da sauƙi tunda kaɗan ne. Baba ya ce ai wannan shaida ce, kowace gona da irin tsagarta, kamar yadda na taɓa gaya masa tsagar fuskata ta gidanmu ce. Ya miƙa hannu ta saman shinge ya jawo kunnen wata don ya nuna mana yadda ake karantawa. Sai hannunsa ya tsaya a kan kunnen. Tsaga ce mai kamar bakin ƙwarya a sama, da 'yar kusurwa a ƙasa. Ya shafa ta da babban yatsa, ya sake shafawa. Ya ce tsagar gonar ubansa ce.

Ni da wautata sai murna ta kama ni. Na ce Honarabul, 'yan mazaɓarka sun biyo ka har Doha. Bai ko kalle ni ba. Ya jingine sanda, ya sa Basudanen ya buɗe masa, ya shiga cikinsu. Ya kama wannan ya duba kunne ya buɗe baki, ya saki, ya kama waccan. Ba duka ne nasa ba, amma nasa suna da yawa. Da ya fito fuskar nan ja ta koma kalar toka. Ustaz ya kifa masa bokiti ya zauna. Na ba shi ruwa, ya riƙe bai sha ba.

A hankali ya yi mana bayani, kamar mai karanta wa kansa. Ya ce duk shekara suna sayar da dandaƙaƙƙun raguna a loda su a jirgin ruwa, da su ya gani da ba komai. Amma waɗannan mata ne, 'yan shekara ɗaya da ɗoriya, ko haihuwar fari ba su yi ba. Su ne uwayen garken baɗi. Irin da ya ƙare rayuwarsa yana zaɓa ne, tunkiya bayan tunkiya, tun matarsa na da rai.

"Alhaji, ba a sayar da waɗannan," in ji shi. "In ka gan su a nan, to can babu garke."

Na ce wataƙila ɗan nasa ya rage kaɗan ne saboda fari. Na ce wataƙila wani ya kwaikwayi tsagar. Na kawo wataƙila iri-iri, ni da ban taɓa rasa abin faɗa ba, amma kowacce na ajiye sai ta faɗi. Ya ce a tambayi Basudanen, duka shingen yake so. Na ce Baba, mu zuba su a ina, a banɗakin baƙi? Ya ce to ɗaya. Ya nuna wata mai faɗin goshi da ke tsaye ita kaɗai.

Na durƙusa kusa da bokitin na yi ƙasa da murya. Na ce in muka shiga gida da tunkiya, Likita ta san mun fito rana, ta san mun zo nan, tafiyarsa ta rushe, tawa ma ta bi ta. Na ce ya daure, saura kaɗan zafi ya wuce. Ya ɗago ya dube ni, ba fushi a idonsa.

"Wace tafiya?"

Haka muka sa ta a bayan jif ɗin Likita mai kujerun fata. Ustaz ya rungume ta da farar jallabiyarsa, kafin mu kai Al Gharrafa ta yi masa abin da ya sa sai da ya sake wanka. Ragon layyar da ya fito da mu ma mantawa na yi, sai daga baya Ustaz ya koma ya zaɓo mini na Sudan mai jela har ƙasa.

Bayan la'asar na ɗauko Likita. Tun a mota ta fara shinshina, ni kuwa na zama kurma. Muna shiga ta tarar da mahaifinta zaune a kujerar roba a tsakar gida, tunkiya ta cinye rabin ciyawar gidan tana neman sauran. Ni ta fara kallo, irin kallon da ke sa mutum ya tuna inda ya ajiye fasfonsa. Baba ya jawo tunkiyar, ya juya kunnen ya fuskanci 'yarsa. A gonar ta girma, ba ta buƙaci fassara ba. Ta zauna a kan matakala da kayan aikinta, jaka a cinya. Na fara zamewa zuwa ɗakina, Baba ya ce in tsaya, yana son shaida.

Ta faɗa masa duka. Fari ya jera shekaru, yayanta ya yi iya yinsa ya gaza, wani kamfani mai noman alkama ya saye gonar tun kafin azumi, tumakin kuma aka watsar a kasuwa. Sun yi shawara su bari sai zafi ya wuce, jikinsa ya yi ƙwari, sannan su gaya masa. Ta ce tsoro take ji kada labarin ya ƙarasa abin da ciwon ya fara. Ya tambayi gidan, ta ce yana ciki. Ya tambayi bututun, ta ce yana nan, kamfanin ke amfani da shi. Ya daɗe yana sosa goshin tunkiyar.

"Karnukan kiwon fa?"

Ta ce maƙwabcin nan na nesa ya ɗauke su, suna lafiya. A nan ne muryarta ta karye, ba a kan gidan ba. Ni ban taso da son kare ba, amma ranar na kawar da kai.

"Ashe ni kaɗai ne a gidan nan nake jiran tafiya," in ji Baba.

Na ce daga bakin ƙofa, "Mu biyu ne, Baba."

Likita ta juyo kamar yanzu ta tuna da ni. Ta ce in yi haƙuri, Alhaji, za a san yadda za a yi, amma ba yanzu ba, yanzu ne ma ya fi buƙatata. Ta ce in zafi ya wuce. Na ce khalas, shi ke nan, Allah ya kai mu. Me zan ce?

Kwanakin da suka biyo baya gidan ya yi nauyi. Baba ya daina shinshina sama. In ɗansa ya kira sai ya kifa wayar. Kanti ma ya ce ba ya so. Salla ta zo ta wuce, na kawo masa soyayyen nama ya ɗan taɓa ya ture. Ita kuma tunkiyar zafi ya sa ta a gaba, tana ɗauke da bargon da aka yi don sanyin wata duniya. Ta daina cin harawar da nake sayo mata, sai haki, harshe waje. Da rana na koma shigar da ita ɗakina ta sha esi, ni in zauna a mota. Na gaya wa uwargida a waya cewa yanzu ni ne sarkin garken wani Honarabul, har dabbobin suna da ɗaki da esi. Ta ce in rage ƙarya. Wannan karon kuwa ko gishiri ban sa ba.

Wata safiya Baba ya ƙwanƙwasa mini ƙofa da sanda, ya ce in ba a yi mata aski ba mutuwa za ta yi. Muka karaɗe Doha neman almakashin tumaki, daga wannan shago a tura mu wancan, har wani tsohon maƙeri a tsohuwar kasuwa ya zaro mana wani daga ƙasan tarkace, mai tsatsa, ya wasa shi. Ranar Juma'a da sassafe muka shimfiɗa leda a kan tayil. Baba ya zauna a kujera 'yar tsugunno, ya nuna mini yadda zan zaunar da ita a kan gindinta in jingina bayanta da gwiwoyina. Da ta ji ta zauna haka sai ta yi laƙwas kamar mai jiran wanzami. Ya fara daga ciki, ya hau wuya, ya gangara kafaɗa, ulun yana kwantawa gefe a haɗe kamar ana cire mata riga. Hannun hagun ya gaji kafin a kai rabi. Ya miƙo mini almakashin. Yankan farko na ɗan kama fata, ya ce ko 'yan adawa ba su taɓa yi masa ɓarna irin wannan ba. Gumi ya cika mini ido, bayana ya riƙe, na rantse masa tunkiyar nan ta fi ragonmu na Funtuwa nauyi.

Ban san lokacin da Likita ta fito ba. Na dai ga hannu ya ɗauke ulun daga ƙasa, ta naɗe shi, ta watsa shi a kan teburin cin abinci da ta jawo waje, ya baje gaba ɗaya kamar an shimfiɗa mayafi. Ta shiga tsince dattin gefe da sauri, ba tare da ta duba hannunta ba. Baba ya kalle ta, ya ce ta bar ƙazanta a wajen wuya. Ta ce ba ta bari ba. Ya ce ta bari. Tun ranar tunkiya, wannan ce maganar farko da ya yi mata.

Da muka saki tunkiyar ta miƙe siririya, rabinta sumul, rabin da na yi kuwa tudu da kwari kamar hanyar da ya ce ta tsaya a rabi. Ta girgiza, ta nufi harawa ta kama ci. Baba ya yi dariya har da tari, ya share ido da bayan hannu, ya ce to, an yi askin bana.

Zafi ya wuce, ba wanda ya hau jirgi. Baba ya ɗora wata sabuwar al'ada. Kullum gab da magariba sai ya sa in buɗe 'yar ƙofar da ke tsakanin gareji da tsakar gida, ya tsaya a gefe da malafarsa, in koro garke ta gabansa, shi kuma ya ƙirga da ƙarfi kamar yadda ake yi a gonarsu. Ɗaya. Sai ya ce sun cika, a rufe. In rufe ƙofar gareji, in je in rufe ta waje, mu uku muna ciki, ni da shi da tunkiya.

Ulun ya ba ni, ya ce in kai wa uwargida ta ga irin abin da yake nomawa. Na cusa shi a buhu na ɗora a kan akwatin. Ranar da na ɗaga buhun don in share ƙura, na buɗe akwatin na ga jajayen takalman nan, na kira gida na ce a auna mini ƙafar auta. Uwargida ta ce in bai wa 'yar maƙwabta su in na zo, ƙafar auta ta wuce nan tun tuni.